MUHAMMADU BUHARI: SUNA ƊAYA MAI GAƁA BIYU

Ina so in yi magana da 'yan'uwana ɗalibai, da kuma iyayenmu, a kan wani suna da kowa ya sani, amma kaɗan ne daga cikinmu suka taɓa tambayar asalinsa. Sunan nan shi ne Muhammadu Buhari. Da wuya mutum ya shiga wata unguwa a Jega, ko Aliero, ko Maiyama, ya ɗaga murya ya kira Buhari, bai ga yaro ko magidanci ya waiwayo ba. Amma ka tare ɗan aji ɗaya ka tambaye shi inda sunan ya fito, zai ce maka ai sunan tsohon Shugaban Ƙasa ne, shi ke nan. Wani kuwa zai ce Muhammadu shi ne sunan mutum, Buhari sunan ubansa. A ganina duka biyun kuskure ne, kuma ba ƙarami ba. Na farko yana raba mu da tarihinmu, na biyu kuwa yana jawo wa yara wahala a takardunsu na makaranta. Abin da na ke so in nuna shi ne, Muhammadu Buhari suna ɗaya ne mai gaɓa biyu, ya girmi siyasar Nijeriya da fiye da shekara 1,000, kuma mu mutanen wannan yanki muna da babban rabo a cikinsa.

Bari mu fara da ma'ana. Muhammadu kalmar Larabci ce, ma'anarta wanda a ke yawan yabo saboda kyawawan halayensa. Tushenta ɗaya da Ahmadu da Mahmudu da Hamidu, kuma shi ne sunan Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi. Buhari kuwa asalinsa jingina mutum ne ga garinsu. A tsakiyar nahiyar Asiya akwai wani tsohon birni da a ke kira Buhara, a cikin ƙasar da yanzu a ke ce wa Uzbekistan. Larabawa in za su ce mutumin gari kaza, sai su ƙara wasalin "i" a ƙarshen sunan garin, kamar yadda mu mu ke sa "Ba" a farko mu ce Bakano, Bakatsine, Bakabe, Bagimbane. Watau da Bahaushe ne ya raɗa wannan laƙabi, da Babuhare zai ce. Harafin da ke tsakiyar kalmar, wanda Larabawa ke fitarwa daga maƙogwaro, a kan rubuta shi "kh" da boko, Bahaushe ya daɗe da mai da shi "h". Shi ya sa mu ke cewa Halidu, da Hadiza, da Alhamis, da alheri. Saboda haka wanda ya rubuta Buhari bai yi kure ba, Hausa ya rubuta.

To, me ya haɗa mu da wani birni mai nisan gaske har mu ke sa wa 'ya'yanmu sunansa? Mutum ɗaya ne ya jawo haka, watau Imamu Muhammadu ɗan Isma'ila, wanda aka haifa a Buhara a shekara ta 194 bayan Hijira, daidai da 810. Mahaifinsa ya rasu tun yana ƙarami, mahaifiyarsa ce ta rene shi. Yana da kimanin shekara 16 ya tafi aikin Haji tare da ita da wansa. Su suka komo gida, shi kuwa ya zauna a Makka da Madina yana neman ilmi. Daga nan ya yi ta yawo, Basra, Kufa, Bagadaza, Sham, Masar, duk inda ya ji labarin wani malami mai hadisi sai ya nufe shi. Ba ya karɓar hadisi sai ya bincika mutanen da suka ruwaito shi ɗaya bayan ɗaya: shin wannan mai gaskiya ne, shin yana da riƙo, shin ya sadu da wanda ya ce ya ji daga bakinsa? Shekara 16 ya yi yana tace littafinsa. Daga cikin ruwayoyi kimanin 600,000 ya zaɓi sama da 7,000 kaɗan, in an haɗa da waɗanda aka maimaita. Littafin nan shi ne Sahihul Buhari, wanda malaman Sunna suka haɗu a kan cewa bayan Alƙur'ani babu littafin da ya fi shi inganci. Imamu Muslim da Imamu Tirmizi duk sun ɗauki karatu a wurinsa.

Akwai wani labari nasa da na ke so iyayenmu su riƙa ba masu wannan suna. Da ya koma Buhara, gwamnan birnin ya aiko masa cewa ya zo fada da littattafansa ya koyar da 'ya'yansa su kaɗai. Imamu ya ƙi. Ya nuna masa cewa ilmi zuwa a ke yi wurinsa, in 'ya'yan gwamna na so su zo su zauna tare da 'ya'yan talakawa. Wannan na cikin abin da ya sa aka fitar da shi daga garin haihuwarsa. Ya tafi wani ƙauye mai suna Hartank kusa da Samarƙand, a can ya rasu daren ƙaramar Salla a shekara ta 256 bayan Hijira, watau 870. Ku duba ikon Allah. Garin da ya kore shi, da sunan garin nan duniya ta san shi, kuma albarkacinsa ne manomi a Maiyama ke ambaton Buhara kullum ba tare da ya taɓa ganin ta a taswira ba.

Yanzu sai mu dubi yadda sunan ya zauna a bakin Hausawa. Kowa ya sani a ƙasarmu uba kan sa wa 'ya'yansa biyu ko uku ko fiye suna Muhammadu, saboda ƙaunar mai sunan. To, in uwa ta leƙo daga ɗaki ta kira Muhammadu, wa zai amsa? Dole a sami abin rarrabewa. Wasu su kan bi lissafi, su ce Lawal, Sani, Salisu, Rabi'u, Hamisu, watau na ɗaya har zuwa na biyar. Wasu su kan ɗauko laƙabi daga Fulatanci, kamar Bello da Sambo da Dikko. Wasu su kan ɗauko daga siffofin Annabi, kamar Aminu da Bashiru da Mustafa. Gidajen malamai kuwa su kan nemi wani babban malami mai suna Muhammadu su yi wa yaro takwara da shi, su haɗa har da laƙabinsa. Ta nan muka sami Muhammadu Sanusi, da Muhammadu Gazali, da Muhammadu Buhari. Haka sauran sunaye su ke tafiya da abokan rakiyarsu. In ka ji Faruku ka san Umaru ne, in ka ji Sadiku ka san Abubakar ne, Haidar Aliyu ne, Halilu Ibrahim ne, Rufa'i da Tijjani kuwa Ahmadu ne. Tsofaffinmu ba su buƙatar a gaya musu wannan. Ranar suna, bayan liman ya yi addu'a an raba goro, sanƙira na faɗin rabin sunan sun riga sun cika ɗaya rabin a zuciyarsu.

Wannan tsari yana da wani amfani da ya dace da ɗabi'armu ta kunya da ladabi. Yaro dai yaro ne, sai ya yi ɓarna, sai an tsawata masa. Iyayenmu kuwa ba su son su haɗa sunan Annabi da faɗa ko baƙar magana. Sai a ajiye Muhammadu domin ranar ɗaurin aure da takarda da addu'a, a bar Buhari yana aikin yau da kullum, a aike shi kasuwa, a kira shi daga gona. Haka kuma in an yi wa yaro takwara da kakansa Muhammadu, matan gida ba za su kama sunan surukinsu ba, laƙabin nan shi ke fitar da su kunya. Ga shi kuma da daɗin faɗi. Gaɓoɓin furuci huɗu a gaba, uku a baya, babu inda harshe ke tuntuɓe. Wannan duka na cikin abin da ya sa sunan ya karɓu.

Na ce muna da rabo a cikin sunan nan, ga dalilina. Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ya karanta Sahihul Buhari a wurin Alhaji Muhammadu ɗan Raji, kuma a cikin 'ya'yansa akwai Muhammadu Sambo, da Muhammadu Bello, da Muhammadu Buhari. Shi wannan Buhari ɗan Shehu malami ne, mayaƙi, mai tsara waƙoƙin Larabci, kuma daga gare shi gidan sarautar Tambawal ya fito. Tambawal kuwa maƙwabtanmu ne, duk mai zuwa Sakkwato daga Jega ta can ya ke bi. A cikin almajiran Shehu kuma akwai Malam Abdussalami, wanda ya zauna da jama'arsa a Gimbana, nan kusa da mu. A ƙarshen 1803 Sarkin Gobir Yunfa ya aiko da yaƙi aka ci Gimbana, aka kama mutane. Da aka biyo da su ta kusa da Degel, jama'ar Shehu suka kwance su. Wannan na cikin abin da ya kai ga hijirar Shehu zuwa Gudu a watan Fabrairu na 1804. Shi ma Malam Abdussalami yana da ɗa mai suna Buhari. Malami da almajirinsa, kowa ya zaɓa wa ɗansa suna ɗaya, domin littafi ɗaya su ke girmamawa.

Bayan rasuwar Shehu a 1817 saɓani ya shiga tsakanin Malam Abdussalami, wanda a lokacin ya ke zaune a Kware, da Sarkin Musulmi Muhammadu Bello, har abin ya kai ga yaƙi, Malam Abdussalami ya rasu a 1818. Ɗansa Buhari daga baya ya daidaita da Malam Abdullahi na Gwandu, ya tattara Gimbanawa ya kafa garin Jega wajen 1820, a bakin gulbin Zamfara. Daga nan sarautar Sarkin Kabin Jega ta samo tushe. Ba a daɗe ba garin ya zama ɗaya daga cikin manyan kasuwannin ƙasar Gwandu, fataken da ke zuwa Gwanja sayen goro suna yada zango a cikinsa. Da ya zaɓi ya ci gaba da gaba saboda abin da ya sami mahaifinsa, wa ya san ko da akwai Jega a yau? Saboda haka in ɗan Jega ya ce sunan Buhari daga Daura ya zo mana, ya nuna bai san wanda ya kafa garinsu ba. Sunan yana nan fiye da shekara 120 kafin a haifi Janar.

Shi kansa Janar Muhammadu Buhari shaida ne a kan maganata. An haife shi a Daura a 1942, sunan mahaifinsa Adamu. Watau Buhari ba sunan uba ba ne a wurinsa, cikon sunansa ne. Ya yi mulkin soja daga ƙarshen 1983 zuwa watan Agusta na 1985, ya dawo ta hanyar zaɓe daga 2015 zuwa 2023, kuma wani ɗan Jega, Farfesa Attahiru Jega, shi ne shugaban hukumar zaɓe da ya bayyana nasararsa a 2015. Allah ya yi masa rasuwa ranar 13 ga Yuli, 2025. Mutane sun bambanta a kan mulkinsa, wasu na yabo, wasu na kuka, kuma wannan ba fili ba ne na yanke hukunci. Abin da na ke ja a kai shi ne ɗaure suna a ƙafar siyasa. Lokacin da farin jininsa ke tashe wasu sun sa sunan don shi kaɗai, da tsadar rayuwa ta zo kuma aka riƙa tsokanar yara masu sunan a filin wasa da cikin aji, sai ka ce su suka ƙara kuɗin masara. Wannan rashin adalci ne. Mulki na shekara 8 ne, ko 10, ya wuce. Yaro kuwa da sunansa zai tsufa, da shi za a yi masa salla.

Na san akwai masu ja da ni, kuma ya kamata a saurare su. Wasu na cewa ta yaya za a kira yaro mutumin Buhara alhali a Aliero aka yanke masa cibiya, ai wannan ƙarya ce. Amsata ita ce takwara ba da'awa ba ce. Wanda aka sa wa Madani bai ce a Madina aka haife shi ba. Fata ce a ke yi wa yaro ya ɗauko halin mai sunan, tun da Hausawa sun ce suna linzami ne. Wasu kuma na cewa mun bar sunayenmu na gado muna kwaso na nesa. Wannan magana tana da ƙamshin gaskiya, ni ma ba na son in ga Tanko da Nomau da Anaruwa da Ɗanjuma sun ɓace. Amma sunayen nan dama kusa da sunan yanka su ke zama, ba su taɓa korar juna ba. Sunan da ya yi fiye da shekara 200 a ƙasar Kabi, har harshenmu ya sassaƙe shi ya dace da bakinmu, ya wuce a kira shi baƙo. Abin da ya fi ba ni tsoro shi ne sabon yayin da ya shigo, na tsinto suna daga fim ko daga waya don kawai yana da zaƙi a kunne, in ka tambayi uban yaro ma'anarsa sai ya yi ta sosa ƙeya.

Saura magana ta biyu, wadda ta fi shafarmu mu ɗalibai, watau takardu. Fom ɗin da a ke cikewa a makarantu da bankuna da ofisoshi an tsara shi ne bisa al'adar Turawa, ga gurbin sunan farko, ga na tsakiya, ga na sunan dangi. Mu kuwa namu tsarin daban ne: sunan yaro, sunan uba, wani lokaci da sunan gari. Abin da ke faruwa shi ne, ranar da aka kai yaro firamare malami ya tambayi sunansa, aka ce Muhammadu Buhari, sai ya rubuta Buhari a gurbin uba. Sunan mahaifi ya faɗi ke nan tun ranar farko. Da ya zo sakandare, ya saba kowa na kiransa Buhari, sai ya rubuta Buhari Umaru, Muhammadu ya faɗi. Wajen yin katin ɗan ƙasa kuma wani ya rubuta masa Umar Mohammed Bukhari. Yaro ɗaya ya zama mutum uku a takarda. A da a kan gyara irin wannan da baki, domin magatakarda ya san gidanku. Yanzu kuwa kwamfuta ce ke dubawa, ita kuwa ba ta san kowa ba. Tun daga 2021 ba a rajistar jarrabawar JAMB sai da lambar NIN, kuma in sunan da ke jikin lambar ya saɓa da na takardar sakandare, sai yaro ya shiga zirga-zirga tsakanin kotu da ofis da shagon kwamfuta, ana yin takardar rantsuwa, ana kashe kuɗin da uba ya tara daga albasa ko shinkafa. Ga jami'a a Aliero tun 2006, a bakin ƙofarmu, ba ƙaramin abin takaici ba ne yaro ya ci jarrabawa amma harafi biyu su tsai da shi.

Saboda haka ga shawarwarina. Na farko, ga iyayenmu: tun makon suna a karɓi takardar haihuwa, a rubuta Muhammadu a gurbin farko, Buhari a gurbin tsakiya, sunan mahaifi a gurbin ƙarshe. A zaɓi rubutu ɗaya, ko Muhammadu ko Muhammad, ko Buhari ko Bukhari, a tsaya a kansa har abada. Wannan ya shafi Umaru Faruku da Abubakar Sadiku da duk mai suna irin wannan. Na biyu, ga malamanmu masu rajista: in an kawo yaro aka faɗi suna biyu, don Allah a ƙara tambaya guda, a ce wane ne mahaifinsa? Na uku, gare mu ɗalibai: kowa ya ɗauko takardunsa ya jera su tun kafin ya kai ajin ƙarshe, ya duba ko sun yi daidai da juna. Mu kuma daina gutsure sunan Muhammadu muna rubuta "Moh'd" ko "Muh'd" don gaggawa. Wanda bai gaji da rubuta sunan ƙungiyar ƙwallon Ingila a bangon littafinsa ba, bai kamata haruffa tara su gajiyar da shi ba. Na huɗu, kowa ya je ya tambayi mahaifinsa ko kakarsa dalilin da ya sa aka zaɓa masa sunansa, da wanda aka yi masa takwara da shi. Tsofaffin da suka san amsar ba za su dawwama ba.

A ƙarshe ina kira ga abokaina masu wannan suna, kuma suna da yawa a makarantar nan. An ɗora muku kaya mai daraja. Mai sunanku na farko bai yarda da magana ba sai ya bincika, saboda haka bai dace a sami Buhari yana yaɗa jita-jita a waya ko yana leƙen takardar wani a ɗakin jarrabawa ba. Mai sunanku na nan gida ya ajiye gaba ya gina gari, saboda haka bai dace a same ku a gaban faɗan unguwa ba. Mu sauran kuma da mu ke rubuta Jega ko Aliero ko Maiyama a ƙarshen sunayenmu, kamar yadda Malam Aminu Kano da Alhaji Shehu Shagari suka ɗauki sunayen garuruwansu, mu sani abin da Imamu ya yi ke nan da Buhara. Duk inda muka je, halinmu shi zai sa a yabi garin ko a zage shi.

Allah ya ji ƙan magabatanmu, ya saka wa iyayenmu da malamanmu da alheri, ya ba mu ikon riƙe sunayenmu da mutunci, amin.